Zango na Huɗu a Tasha ta Bakwai

Shafi na 23

Masu cewa na ɓoye muku abin da ya faru ranar Alhamis, to ga shi nan, ku karanta ku bar ni in sha iska. Ke kuma da kika rubuto mini wai "ai 'yarki ce, ki yi haƙuri", na gode, amma ki fara jin abin da ta yi tukuna.

Ƙarfe goma na safe Britta ta sauko matakalar tasha da kofi biyu a hannu, wai ɗaya nawa ne. Ta ajiye mini a kan tebur, ko kallonsa ban yi ba.

"Mama, kafin ki fara faɗa, ki kalla tukuna. Minti goma sha ɗaya ne kawai."

"Da kika kai shi Chicago mutum ɗari uku suka kalla, kin ce mini in kalla tukuna?"

Ta buɗe kwamfutarta.

Don waɗanda suka shigo mana a tsakiya: ni ce Marlys Saari, shekara ashirin da shida ina riƙe da kyamara a Tasha ta Bakwai, talabijin ɗin garinmu Sisko Bay, ɗaki biyu a ƙarƙashin laburare. Arvo Lampi ne ke sharhin wasan hoki, wato ƙwallon sanda a kan ƙanƙara, na yaran sakandare tun kafin a haifi Britta. Lokacin Kirsimeti 'yar nan tawa ta zo gida ta ce za ta haɗa masa fim na karramawa, tunda ya cika shekara arba'in a bakin makirufo. Da hannuna na ba ta makullin ɗakin ajiya na gidana, har ina murna. Abu ɗaya na ce mata: ki ɗauki duk kaset ɗin da kike so, ban da masu shuɗin tambari.

Ta danna, fim ya fara.

Kiɗan buɗe shirinmu ne, wanda Arvo ya haɗa da kansa, amma ta ja shi ta sa ya yi nauyi kamar rediyon da batirinsa ya kusa mutuwa. Sai ga wani ƙato cikin koriyar kwat irin ta Arvo, an lafta masa hoda, haƙora duk a waje, ba ya ƙifta ido.

"Barka da yamma, 'yan gida!"

Gaisuwar Arvo ce. Har yadda yake buga takarda sau biyu a kan tebur kafin ya yi magana, sai da ƙaton ya kwaikwaya. Daga nan sai talla, wai shagon taya, mai shagon na tsaye yana ɗaga wa mutane hannu, ya yi ta ɗagawa ya ƙi dainawa. Sai allon maki ya fito: 'yan gida sifili, baƙi sifili, matattu uku.

"A nan mutane suka yi ta dariya," in ji Britta a hankali.

"Na ga alama."

Tsakani da Allah, da a nan abin ya tsaya, da na ɗan zage ta na wuce. An daɗe ana yi mana dariya, mu ma muna yi wa kanmu. Tashar da sautinta ke ɗaukewa duk sa'ad da aka kunna tukunyar kofi ai ba ta da bakin yin fushi.

A minti na bakwai hoton ya canza. Na san hoton nan, ni na ɗauke shi.

Ba ƙato ba ne yanzu. Arvo ne da kansa, a ɗakin sharhi na can saman filin ƙanƙara. A bayansa kujeru ne fayau, ba kowa. Injin share ƙanƙara na zagayawa, ana kashe fitilu layi bayan layi. Shi kuwa ya miƙe tsaye, jijiyar wuyansa ta tashi, yana ihu.

"Saari ya ƙwace! Saari ya wuce mutum ɗaya, ya wuce biyu! Lamba tara, jama'a, lamba tara! Ya ci! Ya ci!"

Ta sa wani kiɗa a ƙarƙashi, irin wanda ake sawa idan dodo zai fito. Ta matso da fuskarsa har ana ganin yawu a gefen bakinsa.

"Kashe," na ce.

"Saura kaɗan."

"Britta, na ce ki kashe!"

Ta kashe.

Bari in faɗa muku abin da ban faɗa wa kowa a garin nan ba. Zango uku ake yi a hoki. A cikin ukun nan Arvo garau yake, tunda ina raɗa masa sunayen yaran a kunne ta waya. Amma tun hunturun bara, idan aka tashi wasa mutane suka watse, shi bai san an tashi ba. Sai ya buɗe zango na huɗu, da sunayen 'yan wasan 1979, waɗanda rabinsu suna kabari. Ni kuma sai in katse layin da ke zuwa gidaje, in bar shi ya yi kayansa minti goma ko ashirin, ya sauko da fara'a in kai shi gida. Ɗakin na da gilashi, ba mai ji. Waɗannan kaset ɗin ne nake manna wa shuɗin tambari.

Lamba tara kuwa Reino Saari ne, mijina, uban Britta. Tana shekara huɗu ya rasu.

"Me na ce miki a kan shuɗin tambari?"

"Kin ce kar in ɗauka."

"Sai kika yi me?"

"Ɗaya na ɗauka da farko, don in ga abin da ke ciki. Da na kalla sai na koma na kwashe sauran."

"A gidana. Kina cin abincina, kina kwana a gadon da na shimfiɗa miki, kina ce mini 'Mama ga shayi'. Ashe sata kike yi."

"Ba sata ba ce! Mama, wannan ne abu mafi gaskiya da aka taɓa ɗauka a garin nan. Har lambar yabo aka ba ni."

"To ki rataya a wuya ki zaga kasuwa."

"Haba Mama."

"Kar ki ce mini haba. Mutumin nan shi ya koya miki tafiya a kan ƙanƙara, kina riƙe da yatsansa kina kuka. Kawu Arvo, Kawu Arvo. Yau kin sa masa kiɗan dodo, baƙi sun biya kuɗin kujera sun kalle shi yana zubar da yawu."

Idonta ya kawo ruwa, amma ko a jikina. Raina ya riga ya ɓaci fiye da yadda hawaye zai gyara.

"Kin san Dolores Pelto," na ce, "shugabar kwamitin tasha. Shekara uku tana neman hanyar da za ta ɗora surukinta a kujerar Arvo. Ranar da ta ga wannan, washegari za a yanka masa kek, a tafa masa, a raka shi gida. Matarsa ta mutu, ɗansa na Arizona ko waya ba ya yi. Makirufon nan ne kaɗai ke tayar da shi daga gado da safe. Ki raba shi da shi ki ga ko zai kai bazara."

"Ba shi da lafiya, Mama. Likita yake bukata. Kin kai shi?"

"Wasa biyar suka rage a bana. Biyar kacal. Idan an gama zan kai shi."

"Bara ma haka kika ce wa kanki, ko?"

"Ke! Iya bakinki."

Ba ta iya ba. Ta share ido da bayan hannu, ta kalle ni ido cikin ido, irin kallon ubanta idan ya ƙuduri abu.

"Kaset arba'in da ɗaya ne, na kalle su duka. A kowanne Baba ne ke cin ƙwallo. Don wa kike ajiye su, Mama? Don Kawu Arvo? Shi da bai ma san akwai su ba?"

Na kawar da kai, ita kuwa ta ci gaba.

"Kina cewa na ci amana. Kin san abin da na yanke daga fim ɗin nan? Saurara."

Ta danna wani abu, ba hoto, murya ce kawai. Muryar Arvo, yana haki, cike da murna.

"Marlys! Kin ga mijinki? Kin ga abin da ya yi?"

Sai tawa muryar, daga bayan kyamara.

"Na gan shi, Arvo. Ci gaba."

Ban taɓa marin yarinyar nan ba a rayuwa, amma a lokacin hannuna ƙaiƙayi yake yi. Haushi ya kama ni, kunya ta kama ni, ban san wanda ya fi wani ba.

"Na cire ki," in ji ta. "Ba wanda ya ji muryarki a Chicago. Na rufa miki asiri."

"Kika tona nasa."

"Ni ma ban taɓa ganin Baba yana wasa ba! Ke kin gani. Ni hoto ɗaya gare ni, yana riƙe da kifi. Shekara biyu kina da shi a ɗakin ajiya yana gudu yana cin ƙwallo, kika kulle ƙofa kika ce kar in taɓa."

Ku da kuke karantawa, ba zan yi muku ƙarya ba. Ranar farko tausayi ne ya sa na bar shi. Rana ta biyu da na ji "lamba tara", sai na tafi da kaset ɗin gida na kalla sau uku. Wannan laifina ne, na ɗauka. Amma ni a ɗakina na kulle laifina, ban kai shi gaban mutum ɗari uku an tafa mini ba. Duk wanda ya ce ɗaya muke da ita, ya zo ya faɗa mini a fuska.

Na ja numfashi, na sassauta murya, don na ga faɗa ba zai kai ni ko'ina ba.

"To shi ke nan. Chicago ta wuce, ba wanda ya san Arvo a can. Ki rantse mini ba za ki sa shi a intanet ba. Wasa biyar nake roƙo, Britta. Ki bar shi ya gama shekararsa ta arba'in da mutuncinsa."

"Ba zan sa a intanet ba."

Har na fara jin sanyi a raina. Sai ta buɗe jaka ta zaro rawayar takarda, ta ajiye kusa da kofin da ban sha ba.

Duk ɗan Sisko Bay ya san rawayar takarda. Dokar tasharmu ce: kowane mazaunin gari ya cike ta, yana da rabin awa a talabijin, ya nuna abin da ya ga dama. Kwamiti ba shi da ikon hanawa, magajin gari ba shi da iko, wanda ke bakin aiki a ranar dole ya sa. Da ita wani manomi ya nuna mana haihuwar saniyarsa, da ita wata mata ta karanta sunan duk wanda karensa ya shiga lambunta. Arvo ne ya tsaya kai da fata har aka kafa ta a 1988. Ranar Asabar kuwa ni ce a bakin aiki.

"Asabar, ƙarfe bakwai," in ji Britta.

"Kin haukace ne?"

"Ba zan yi fim a kan garin nan in ɓoye wa garin ba. Wannan ne zai zama cin amana."

Dariya ta kubce mini, irin wadda ta fi kuka ciwo.

"Ji mini 'yar gaskiya! Wato da hannuna kike so in sa shi? In danna, in zauna ina kallo Dolores Pelto tana kiran waya?"

"Wataƙila idan mutane sun gani za su taimake shi."

"Mutanen garin nan? Za su kai masa tukunyar miya kwana uku, su yi da shi shekara uku."

Sai na tuna wani abu, na ja takardar na tura mata.

"Ɗauki kayanki. Doka ta ce mazaunin Sisko Bay. Ke adireshinki Chicago ne, shekara takwas ke nan. Ba ki da ko minti ɗaya a tashar nan."

Ba ta ɗauka ba.

"Duba ƙasa, Mama."

Na duba. Ba sunanta ba ne a wurin sa hannu. Rubutun ne da na fi sani a duniya, da wannan doguwar wutsiyar da yake ja wa harafin farko. Arvo Lampi.

Na ɗago kai na kalle ta.

"Yaushe?"

"Jiya da yamma na je gidansa."

"Me kika ce masa?"

"Na ce fim ne a kansa."

"Na karramawa?"

Ta hau gyara jakarta.

"Britta, da ke nake!"

"Shi ya ce na karramawa ne. Ni dai ban ce a'a ba."

"Allah ya isa tsakanina da ke."

Na faɗa. Uwa ce ni, na san nauyin kalmar, kuma na faɗa. Ta ja baya kamar na watsa mata ruwan zafi.

"Ya gani?" na tambaya.

"A'a. Ban nuna masa ba. Faifan fim ɗin dai na bar masa. Shi ya nace, wai sai ya auna tsawonsa da agogonsa kafin a sa a jadawali, kin san halinsa. Na ɗauka kafin safe zai manta inda ya ajiye."

"Kin ɗauka zai manta."

"Mama..."

"Arvo na manta shekarar da muke ciki. Yana manta ko ya ci abinci. Bai taɓa manta aikin tasha ba, ko sau ɗaya."

Ban rufe baki ba muka ji ƙofar sama ta buɗe. Sai sanda a kan matakala, ƙwas, sai ƙafa biyu. Ƙwas, sai ƙafa biyu. Britta ta rufe kwamfuta da sauri, kamar hakan zai yi wani amfani.

Ya shigo da dusar ƙanƙara a kafaɗa. Koriyar kwat ɗin ce a jikinsa, an goge ta tsaf, alhali ba ranar wasa ba ce. Faifan na hannunsa na hagu, agogon aunawa na rataye a wuyansa.

"Barka da safiya, 'yan gida," ya ce, ba murmushi.

Ya wuce mu ya je bango inda jadawali ke rataye, ya ciro biro daga aljihu.

"Minti goma sha ɗaya da daƙiƙa arba'in. Sau uku na auna." Ya rubuta. "Asabar, ƙarfe bakwai."

"Arvo," na ce, "sa hannunka ne, kana iya janyewa. Yanzu sai mu yaga ta, ba wanda ya sani."

"Takarda in ta shigo ta shigo, Marlys. Ni na rubuta dokar. Ban taɓa yagawa don wani ba, ba zan fara don kaina ba."

Ya juya ga Britta. Kuka take yi sosai yanzu, hannu a baki.

"Kawu Arvo, ni ban yi niyyar..."

"Wanda ya yi ni ɗin nan ya ƙoƙarta. Sai dai ki gaya masa ni ba na murmushi idan ana cin mu." Ya nuna matakala da sanda. "Je ki jira a sama, 'yar Reino. Ba da ke zan yi magana ba."

Ta kwashi jakarta ta fita da gudu. Ni na ɗauka yanzu zai zauna mu yi kuka tare, mu zagi yaran zamani, in ce masa kar ya damu, zan san yadda zan yi da Dolores. Har na jawo masa kujera.

Bai zauna ba. Idonsa tar yake, ba alamar ruɗewa ko kaɗan. Rabon da in ga Arvo garau haka na manta.

"Yarinya ta yi abin yarinya," ya ce. "Ta ga abu ta ɗauka. Ba ita ke tsaye a ɗakin nan tare da ni ba."

"Arvo, bari in yi maka bayani."

"Shekara ashirin da shida, Marlys. Ban taɓa buɗe baki ba sai kin ɗaga mini hannu daga bayan kyamara. Ban taɓa yin shiru ba sai kin sauke. Ko gini ne ke cin wuta, hannunki nake kallo. Ke kin sani, ni na sani."

Na kasa ɗaga kai.

"A faifan nan na ga kaina ina magana da kujeru. Ban yi shiru ba, ban ko tsagaita ba. Ke nan hannunki a sama yake."

Ya ajiye faifan a gabana, a hankali.

"Ɗago ki kalle ni. Wasa nawa kika bar hannun nan a sama?"